Alƙalin Talabijin da Mai Kitso

Kai da kake cewa shari'a ta fi daɗin kallo a talabijin, zauna ka ji. An yi wani alƙali da ya shekara talatin a kotu, kuma kowa ya san al'adarsa: ba ya yanke hukunci ranar da ya saurari ƙara, sai maganar ta kwana. In mai kunya ya kasa magana, yakan sa a ba shi ruwa, ya jira har bakinsa ya buɗe. Da ya yi ritaya, sai wani gidan talabijin ya ba shi kujera mai sheƙi da fili na rabin awa. Nan da nan ya yi suna, har a kasuwa ana tare shi a ɗauki hoto. Wata rana aka kawo masa wata mai kitso, amarya na zarginta da ɗauke mata ɗan kunnen zinariya. Fitilu suka haske matar, ta sunkuyar da kai kamar yadda aka koya mata a gaban manya. Shi kuwa ya fi kowa sanin wannan ladabi ne. Amma mai shirin ya ɗaga masa yatsu biyar, saura minti biyar ke nan. Sai ya juya ga kyamara ya ce, "Ku dube ta, mai gaskiya ba ya tsoron ido." Aka kwashe da tafi.

Kwana huɗu bayan haka aka tsinci ɗan kunnen a cikin rigar matashin kai na amaryar.  Mai kitson da a da take shiga har ƙuryar ɗakin mutane, yanzu ko zaure ba a barinta ta wuce. Alƙali ya garzaya gidan talabijin a gyara, aka ce masa wannan shirin ya fi kowanne farin jini, da maganar tasa ma ake tallar na mako mai zuwa. Ya nemi gidan mai kitson don ya ba ta haƙuri, ya tarar da kwaɗo a ƙofa, ta kwashe 'ya'yanta ta bar garin. Yana tsaye a wurin wani mai babur ya gane shi, ya ɗaga masa hannu cikin murna yana cewa, "Ranka ya daɗe, mai gaskiya ba ya tsoron ido!" Alƙalin ne ya sunkuyar da kai.

Shi ya sa Hausawa suka ce, magana zarar bunu ce, in ta fita ba ta komawa.