Tsinken Kwallin Umma

Ina 'yar firamare lokacin, muna zaune a saman wani bene a unguwar Al Muraqqabat, ƙasar Larabawa. Umma na da shukar rasberi, mai ƙananan 'ya'ya masu zaƙi, a bokiti, gefen taga, inda sanyin esi ke samunta. Irin marar ƙaya ta nema, saboda ba na ganin abu in ƙyale.

Wata la'asar, tana kwance a asibiti, na tarar da Abba durƙushe gaban bokitin da tsinken kwallinta. Yana taɓa cikin wannan fure ya kai wa wancan, yadda ya ga tana yi. Bai goge tsinken ba, duk farin furen da ya taɓa sai ya bar masa baƙin ɗigo.

"Ƙudan zuma ba ya hawowa nan," ya ce. "In ba mu yi ba, me za ta tarar? Riƙe min reshen."

Na riƙe.

Shukar ta yi 'ya'ya har rassan suka sunkuya. A jiki suka bushe, don mai su ba ta dawo ba.

Har yau ina ganin furannin nan da kwallinsu, suna kallon ƙofa.