Tsoho Mai Lema

Almakashi ya sake tsayar da hoton a kwamfuta, ya ja dogon tsaki. Ga jaruma tana rusa kuka a bakin gadon asibiti, ga kuma tsohon nan a bayanta riƙe da lema, yana yi wa kyamara murmushi.

Ba a banza ake ce masa Almakashi ba. Shi ke ɗaukar hoto, shi ke tacewa a ɗan ɗakinsa mai fanka ɗaya, kuma duk ɗan wasan da ya raina shi a wurin ɗauka, a nan yake ramawa. Sai ya datse mutum har uwarsa ta kasa gane ya fito. Sunansa kuwa ba ya hawowa sai ƙarshen fim, bayan 'yan kallo sun kai ƙofa.

Wannan fim ne zai fitar da shi daga ɗakin. An ce mai kamfanin, wanda bai taɓa sa shi a ido ba, yana neman sabon darakta, kuma da wannan aikin zai auna kowa.

Sai ga tsoho mai lema cikin 'yan cike gurbi. A kasuwa yana nan, a kotu yana nan. Ranar da ɓarayi ke musayar wuta da 'yan sanda, ta tsakiyarsu ya ratsa yana yi musu sannu da aiki. Darakta, wanda ke zagin jarumi don ya yi tari, bai taɓa ce masa kanzil ba. Almakashi bai yi mamaki ba. A sana'ar nan kowa ya samu dama sai ya cuso kawunsa.

Da aka gama ɗauka, darakta ya ja shi gefe, ya nuna tsohon da baki.

"Ka ga dattijon can? Ka dai san abin da za ka yi da shi."

"Bar ni da shi," in ji Almakashi.

Ya zage ya yi aikin da bai taɓa yi ba. Inda ake yankewa ya yanke, inda ba a yankewa ya matso da fuskar jaruma har ta cike allon. A asibiti ya kafa labule a kan tsohon, a kasuwa ya dasa masa bishiya. Matarsa ta gaji da ɗumama abinci, ta ce in ya auri kwamfutar ne ya faɗa mata. Ko ƙeyar tsohon bai bari ba.

Da ƙyar ya kai fim ɗin a kan kari ranar da za a nuna wa mai kamfani. Ya tarar an kashe fitilu. Layin gaba cike yake da yara, suna ta raɗa, "Yanzu zai fito." Ya ce a ransa jarumin yana da farin jini.

Fim ya tafi sumul, ba lema ba murmushi. Almakashi ya fara tunanin irin hular da ta dace da darakta.

Aka kunna fitila, ba wanda ya tafa. Wata ƙaramar yarinya ta ce, "Kaka, ba ka ce don mu gan ka ka yi fim ɗin ba?"

Darakta ya miƙe yana sharce gumi, ya nuna dattijon da ke zaune a tsakiyar yaran.

"Almakashi, zo ka gai da mai kamfani."