Sau Uku Kaka Ya Kulle Ƙofa

Ina da shekara tara ranar da katafila ta iso layinmu a Zango don rushe gidaje. Bayan la'asar Kaka ya fito daga gidan da ubansa, falken goro, ya gina. Ya murɗa makulli, ya dafa bango yana motsa leɓe, hawaye na bin gemunsa.

Wani Nasara mai kyamara ya matso ya yi magana. Ni na fassara, don ni kaɗai ke zuwa lakwal, makarantar boko.

"Kaka, wai ka sake. Rana ta ɓata masa hoton."

Kaka ya dube ni, bai dubi Nasaran ba. A gidanmu ba a yi wa baƙo musu. Ya buɗe, ya shiga, ya fito, ya kulle, har sau uku. A na ukun idonsa ya bushe, Nasaran ya ɗaga babban yatsa.

Yau ni ma fim nake yi a kan rayuwar mutane. Alƙalan gasa suna cewa hotona na rawa, haskena bai daidaita ba. Su yi ta faɗa, ni dai ba na sa kowa ya maimaita. Sau ɗaya bakina ya ce wa tsoho "ka sake", kuma har ya rasu bai ƙara cewa in fassara masa komai ba.