Baƙon Reshen Ɗorawa

Ranar wata Talata ce cikin marka, an kwana ana yayyafi, gari ya waye a lumshe. Wani manomi ya zagaya gonarsa, ya tsaya gindin ɗorawar da ke ciyar da gidansa da kalwa. Sai ya ga wani abu ya lulluɓe babban reshenta, faci-faci, kamar an liƙa mata yagaggun ganyaye. Shi dai kauci ya taɓa kashe masa kaɗanya guda, ya tsotse ta har ta bushe a tsaye, tun daga nan duk abin da ya gani a jikin itace wanda ba itacen ba ne, kauci yake kiransa. Maganin kauci kuwa gatari. Ya koma gida ya ɗauko nasa. Da matarsa ta ji abin da zai sare, ta bi shi da ido, ta ce, "Maigida, rabin daddawata fa a reshen nan take." Ya ce, "Gara a rasa reshe da a rasa uwa."

Gatarin ya dakushe, sai ya zauna kan wani falalen dutse a bakin gona yana wasa shi. Yana cikin wasawa ya ga abin nan a gefen ƙafarsa, ya baje kan dutsen, ya sha ruwa ya yi shar. Ya dakata. To, me zai tsotsa a jikin dutse? Ya sa farce ya ɓamɓaro shi. Samansa toka-toka ne da sirkin kore, bakinsa a nannaɗe, ƙasansa baƙi ne da 'yan gajerun gasu da yake riƙe wuri da su. Ya je jikin ɗorawa ya ɓamɓaro wani, iri ɗaya. Ɓawon da ke ƙarƙashi lafiya lau, ba huda, ba kumburi. Kauci kuwa sai ya kafa saiwa cikin naman itace, wurin ya kumbura, ya fid da jan fure kamar tsinken ashana. Wannan ba shi da fure, ba shi da saiwa. Ba shi da santsin gansakuka, ba shi da taushin naman kaza. Raɓa da ruwan sama da hasken rana su ne abincinsa, wurin zama kawai ya ara. Manomin bai san sunansa ba, amma ya san ba ɗan gidan kauci ba ne. Ya rataya gatari a kafaɗa ya koma gida, ya ci tuwonsa da miyar da ta ji daddawa. Da gari ya waye ya hau ɗinyar da ke can ƙarshen gona, ya sare kauci na gaske da ya daɗe yana wucewa ta ƙarƙashinsa bai ɗaga kai ba, ya bar ɗorawa da baƙonta.

Kai ma kafin ka ɗaga gatari, juya abu ka duba ƙasansa. Kama da wane ba wane ba ne.