Mijinyawa Ya Zama Ɗan Koyo

Mijinyawa manomin albasa ne a Mandera, cikin ƙaramar hukumar Shagari. Shekara talatin yana kan keke, har bara da albasa ta yi kyau ya sayi sabon babur a Sakkwato. Ɗan kabu-kabu ne ya tuƙo masa shi har ƙofar gida.

Kwana biyu ya yi yana zagaya filin makarantar firamare da shi. A rana ta uku ya ce ya iya.

Malam Dalhatu, wan matarsa Atika, malamin makaranta ne a Bodinga, ya kuma daɗe yana hawan babur. Da ya zo ganin sabon abin hawa, ya yi addu'a, sannan ya ce, "Mijinyawa, ka tahi ka yanki takardar izinin koyo. Ɗan koyo ba ya ɗaukar kowa a baya, ba ya hawa ba hular kwano. Ni zan riƙa zuwa ina nuna maka."

Mijinyawa ya yi dariya. "Haba Malam! Ni da hurhura a gemu za a manna ma alamar ɗan koyo? Wanga ai keke ne da inji."

Ranar Asabar aka yi sunan ɗiyar ƙanwar Atika a Sifawa. Atika tela ce, ita ta ɗinka wa jaririya kaya, ta so ta hau mota ta kai su da kanta. Mijinyawa ya ce ba matarsa da za ta tsaya jiran mota da babur a gida. Ta gyara mayafi, ta hau.

A hanyar ƙasa ba abin da ya faru. Suna gab da hawa kwalta sai ga babbar mota ta danno, direba ya danna oda. Mijinyawa ya damƙe mariƙin hagu kamar yadda ya saba a keke. A babur kuwa wannan ba birki ba ne, kuloci ne, na sauya giya. Babur ya ci gaba da tafiya. Ya ruɗe, ya matse birkin gaba da ƙarfi a kan yashi, taya ta zame, suka kife a gefen titi.

Shi gwiwa da goshi kawai ya kurje. Atika kuwa babur ya danne mata ƙafar dama, ta karye wuri biyu. Kayan jaririya suka watse cikin ƙasa.

A asibiti likita ya ce za ta yi watanni ba ta taka ba. Ga ƙaramar Sallah ta matso, ga yadudduka na mutane jibge a ɗakinta. Ɗaya bayan ɗaya masu kaya suka zo, suka yi mata sannu, suka kwashe abinsu.

Da Malam Dalhatu ya shigo asibitin, Mijinyawa ya kasa ɗaga kai.

"Malam, ni na jawo. Gobe zan sai da babur ɗin."

Daga kan gado Atika ta ce, "Maigida, mi babur ya yi maka? Ka sai da shi, albasa kuma a kai za ka ɗauka? Ka tahi ka koya, kamar yadda Yaya ya ce."

Ranar Litinin Malam Dalhatu ya raka shi ofishin lasisi a Sakkwato. Mijinyawa ya zata za a yi masa dariya. Ma'aikacin ya ba shi kujera, ya cike masa takarda, ya yi masa bayanin dokokin da Hausa: hular kwano kullum, alamar ɗan koyo a jikin babur, ba ɗaukar fasinja, ba gudu, sai an jarraba shi an ba shi cikakken lasisi.

Duk Asabar Malam Dalhatu yakan zo daga Bodinga. Ya koya masa taka birkin ƙafa tare da na hannu, da sauya giya, da tsayawa cak kafin a hau kwalta. Samarin gari suka yi ta tsokanarsa, "Baba ɗan koyo!" Shi kuwa yakan ɗaga musu hannu ya ce, "Awo, ni ne."

Ranar da za a cire wa Atika ɗaurin ƙafa, motar haya aka ɗauko mata zuwa asibiti. Mijinyawa ya bi su a baya a kan babur, shi kaɗai, da hularsa, a hankali. Sun daɗe da isa kafin ya iso.

Bayan wata huɗu ya ci jarrabawa, aka ba shi lasisi. Atika ta koma kan keken ɗinkinta, ko da yake har yau tana ɗan ɗingishi, kuma idan ta daɗe tana takawa sai ta huta. A kakar bana manoma biyu a Mandera sun sayi babur. Kafin su hau, gidan Mijinyawa suka fara zuwa, suna tambayar inda ake yankar takardar koyo. Ya ce su shirya, Litinin da safe zai raka su.

Mai karatu, koyo ba abin kunya ba ne, komai shekarunka. Kafin ka hau titi da babur, ka yanki izinin koyo, ka sa hular kwano, kuma kada ka ɗora kowa a bayanka sai ka ƙware, domin wanda ya yarda ya hau bayanka ransa ya ba ka amana.