Faifan Ƙarshe na Samarin Walƙiya

Ɗan'inna mai tura waƙoƙi bai ko ɗago kai ba da inuwar mutumin ta faɗo ƙofar shagonsa a unguwar Takur ta Dutse. Ya san abin da ke tafe da shi. Saifuddeen ya miƙa masa waya, sunan wani kundin waƙoƙi na kan allo, a ƙarƙashinsa an rubuta FLAC, wato sautin da ba a matse ba.

"Yallaɓai, wallahi na duba," in ji Ɗan'inna. "MP3 dai akwai, ko kyauta sai in tura maka. Wa ke neman waƙar Samarin Walƙiya yanzu, balle wadda ba a matse ba? Ƙungiyar ta watse tuntuni. Shi Arzika da ke ja musu waƙa ma an ce ya rasu."

Saifuddeen ya gyara ƙyallen da ya naɗa a wuya duk da zafin bazara, ya karɓi wayarsa ya fita.

Samari huɗu ne da suka yi tashe daga Dutse har Kano, suka fitar da kundi uku kafin a daina jin ɗuriyarsu. Waƙoƙinsu suna nan a wayoyin mutane, amma an tura an sake turawa har sun ƙanjame. Kowane mai shago ya cusa tallansa a tsakiyar baiti. Muryoyin sun koma kamar daga cikin gwangwani suke fitowa. Shi kuwa asalin sautin yake so, wanda ba a rage masa komai ba, wanda har numfashin mawaƙi ake ji kafin ya ɗauki baiti.

Ya daɗe yana nema. Situdiyon da aka naɗi waƙoƙin a Kano ya zama kantin magani, kwamfutar wurin kuma wuta ta ƙone ta. Wani ya taɓa sayar masa da kundi biyu, ya rantse na asali ne. Baitin farko kawai ya saurara ya gane matsattsu ne aka sauya wa suna. Wani kuma ya aiko masa da kundi guda cikakke, sauti tar kamar yau aka buga, sai dai kiɗa ne zalla, babu murya ko ɗaya. Ranar ya daɗe zaune a tsakar gidansu na Limawa, wayar na hannunsa, har aka kira la'asar.

Matarsa Adawiyya ba ta taɓa yi masa ƙorafi ba. Sai dai ranar Alhamis, tana ajiye masa kunu, ta ce, "Abban Marwa, Litinin fa za mu koma asibiti. Likita ya ce wannan karon kwantar da kai za su yi, kuma bai faɗi ranar sallama ba."

Marwa, 'yarsu tilo, tana kan cinyarsa tana zuba masa labarin wata kyanwa. Ya shafa kanta.

Adawiyya ce ta yi ta buga waya har ta samo labarin Jaji, wanda a da shi ke haɗa sauti a situdiyon, yanzu kuma yana sayar da hatsi a Taura. Washegari Saifuddeen ya shiga mota. Kafin su isa ya galabaita, sai da direba ya riƙe masa hannu ya sauko.

Jaji yana tsakiyar awon gero ya hango shi. Ya ajiye kwanon awo. Ya daɗe yana kallon Saifuddeen, sannan ya riƙe hannunsa da hannu biyu, ya gane abin da ya kawo shi. Ya shiga gida ya fito da faifai ɗaya a cikin leda.

"Na ƙarshen ne," in ji shi. "Sauran ruwan damina ya ci su a akwati. Wannan ma ban sani ba ko zai yi. Ka yafe ni."

Faifan duk zane ne, gefensa ya fara ɓarewa.

Ranar Asabar Ɗan'inna ya sa shi a tsohuwar kwamfutarsa. Ta yi ƙugi, ta tsaya. Waƙa ta farko ta ƙi. Ta biyu ta kai rabi ta sare. Ɗan'inna ya fito da faifan ya hura masa iska, ya goge da gefen riga, ya mayar. Saifuddeen na tsaye ya dafa bango, yana kallon waƙoƙin suna faɗuwa ɗaya bayan ɗaya, babu abin da zai iya yi.

Ta ƙarshe ce kaɗai ta haye wayar Saifuddeen, wata mai sanyi da ba ta taɓa yin tashe ba.

"Ka saurara mana, ka ji ko ta yi," in ji Ɗan'inna.

Saifuddeen ya girgiza kai, ya sa wayar a aljihu.

A gida ya tarar da Marwa tana wasa da murfin kwalba a bakin ƙofa. Ya durƙusa da ƙyar, ya sa mata abin sauraro a kunne. Adawiyya ta fito daga kicin ta tsaya cak. Ya danna.

Yarinyar ta saki murfin kwalbar. Aka ja numfashi a kunnenta, kusa sosai, sannan wata murya mai taushi ta ɗauki baiti. Idanunta suka buɗe.

"Umma, wane ne wannan? Muryarsa da daɗi."

Adawiyya ta rufe baki da gefen mayafi. Saifuddeen, wanda duniya ta taɓa sani da suna Arzika, ya kamo ɗan hannun Marwa ya ɗora a ƙirjinsa. Tun tana ciki likitoci suka cire masa maƙogwaro, sai yau Marwa ta fara jin muryar ubanta.