Ba Ke Ba Ce

Sau uku ta karanta sanarwar. Mujallar likitanci ta janye binciken: alƙaluman na bogi ne, maganin amai da masu ciki ke sha ba ya kurmantar da jariri. Shekara shida tana gyara shafukan kundin ilimi na intanet, yau ta buɗe shafin maganin.

Ta goge layin da ya dogara da binciken, ta rubuta dalili, ta nufi kicin.

Inna, mahaifiyarta, na wanke kofuna. Ta sha maganin nan lokacin da take da ciki. Tun ranar da likita ya ce 'yarta ba ta ji, ko maganin ciwon kai ba ta ƙara sha ba. 'Yar ta juyo da ita, ta gaya mata da yatsu: "Inna, an janye. Ba ke ba ce."

Inna ta ɗaga jiƙaƙƙun hannuwanta. "Sake faɗa min, a hankali."